Yarinyar da ke Tsakiyar Hanya

Drimonari, Girka
Cikin azumin Ista, 1986

Zuwa ga Gwaggo Kaliyopi, a Melbon.

Gwaggo, ki gafarce ni da na yi ƙarfin halin rubuto miki da kaina, ba wanda ya sa ni, kuma Baba da Mama ba su sani ba. Ni ce Evantiya, 'yar ƙaninki Stamatis, wadda ta riƙa ɓuya a bayan ƙofa lokacin da kika zo gida, har kika ce ko dai an haife ni ba harshe. Yanzu ina ajin kusa da ƙarshe a sakandare, amma har yau maganar ba ta zo mini da sauƙi, shi ya sa na ga gara takarda. Waya kuma kin san inda take, a shagon kofi na dandali, inda da zarar an ɗaga ta kowa yake ajiye kofinsa ya kasa kunne. Bayan gaisuwa ta ladabi, ina fatan wannan takarda za ta same ki cikin ƙoshin lafiya, ke da Kawu Vangelis da su Despina. Allah Ya ƙara muku lafiya, Budurwa Maryamu ta lulluɓe gidanku da mayafinta.

Mu nan muna lafiya gwargwado. Zaitun ya yi kyau bana, tulunan mai duk sun cika. Gwiwar Mama tana tashi in an yi ruwa, tana shafa mata mai da gishiri tana cewa da sauƙi. Baƙar akuya ta haifi biyu, ƙanwata Leniyo ta sa wa ɗaya sunan malaminsu na lissafi saboda gemu. Bishiyar da kika dasa a bayan murhu ta yi fure har ta rufe taga. Muna azumi, kullum miyar wake da zaitun da burodi, Baba yana cewa in Ista ta zo zai ci ɗan rago shi kaɗai har ƙashi. Yana nan yana tuƙa bas ɗin ƙauye zuwa birni, safe da rana da yamma, tare da Kawu Lefteris kwandasta, wanda ya riƙe ni a coci ranar baftismata. Maganar Baba ce ta sa na rubuto, kuma ban san ta inda zan fara ba, don haka zan bi ta yadda ta faru.

Kwanakin baya Malama Andriyani ta kai ajinmu gidan zane-zanen nan da ke birni, tsohon gidan attajirin taba wanda ya zauna a Faransa ya bar wa gari zane-zanensa. Bas ɗin Baba aka ɗauka. Da muka isa, shi da Kawu Lefteris sun so su tafi shan kofi kamar yadda direbobi suke yi, amma ana ruwa, Malama kuma ta ce ai kunya ce mutum ya shekara ashirin yana wucewa ta ƙofar gida bai taɓa leƙawa ba. Sai suka shigo. A bakin ƙofa aka ba kowa takalman tsumma ya ɗora a kan nasa don kada a ƙarce daɓen katako. Na Baba ba su shige shi ba, yana tafe yana jan ƙafa, Kawu Lefteris yana ce masa, "Kumbare, yau dai ka samu taya mai sulɓi, ka riƙe birki." Haka suke kiran juna tun ranar baftismar tawa. 'Yan aji suna ta dariya. Ni ma na yi, ina jin kunya, amma ina jin daɗi Baba yana tare da mu.

Gidan ƙarami ne, ɗakuna kaɗan, yana warin man goge katako. A kowane ɗaki akwai tsohuwa zaune a kujera tana saƙa, ba ta ɗago kai sai in wani ya matsa kusa da bango. A ɗakin farko akwai irin zanen da muka saba, attajirin da matarsa, har maɓallin rigarsa ana iya ƙirgawa. A ɗakin ƙarshe kuma akwai na zamani, mata masu ido biyu a gefe ɗaya na fuska, Sotiriya ƙawata ta ce wallahi ta ga kakarta da safe kafin ta sha kofi. Amma ɗakin tsakiya ne nake so in ba ki labarinsa. Zane-zanen can, in kin matsa kusa ba ki ganin komai sai shafe-shafen fenti, kamar wani ya goge burushinsa a jikin yadi. Sotiriya ta ce mutumin nan miya ya zubar aka sa masa katako mai ruwan zinariya. Malama ta ce mu ja da baya, mu ƙara ja, har sai mun jingina da ɗaya bangon. Da muka ja, sai fentin ya haɗu, ga kogi, ga gada, ga mata da lema. Ban taɓa ganin abu mai kyau irin wannan ba.

Akwai wani zane na hanya tsakanin bishiyoyi, da yamma bayan ruwa, fitilun gefen hanya sun fara ci, kowace da zoben haske mai faɗi kewaye da ita. A tsakiyar hanyar akwai wata 'yar yarinya cikin riga mai ruwan toka, tana tsallakawa. Ba ta da girma, amma daga inda muke tsaye kowa yana ganinta. Baba ya daɗe a gaban wannan zane, hannuwansa a baya yana jan carbinsa. Can sai ya ce, da ƙarfi har tsohuwar ta ɗago kai, wannan kaɗai ne a gidan ya zana gaskiya, haka fitilu suke, haka bishiyoyi suke da yamma, mai zanen ɗakin farko kuwa ƙarya ya shirya, don ba wanda yake ganin maɓalli daga nesa. Malama ta ji daɗi ƙwarai. Ta ce mana mu ji, direba ya gane abin da masu karatu suka daɗe ba su gane ba. Sai ta tambaye shi, tunda shi mai hanya ne, me yake gani a kan wannan hanya. Baba ya karkata kai ya duba, ya ce, "Hanya fes, Malama. Ba kowa. In ni ne sai in taka mota."

Duk aji suka fashe da dariya, sun ɗauka wasa ne. Kawu Lefteris ya yi maza ya dafa kafaɗarsa ya ce, "Kai kumbare, mugu, za ka take 'yar mutane a gaban malamarta? Ga ta nan tsakiya tana ɗaga maka hannu." Baba ya yi dariya shi ma, ya ce to ai laifin uwarta ne da ta bar ta ta fito. Gwaggo, kin fi ni sanin Baba. Ba ya sakin wasa sai ya fara murza gashin bakinsa, tun kafin ya yi magana mun san abin dariya na zuwa. Ranar nan hannuwansa ba su bar bayansa ba. Kuma da aka wuce ɗaki na gaba na waiwaya, na gan shi shi kaɗai ya matsa kusa da zanen yana nema, amma can gefen hagu yake dubawa, inda ba komai sai kututturen bishiya. Tsohuwar ta ce masa ya ja baya, ya ce ta yi haƙuri. Kafin mu fita, kuɗin da Mama ta ba ni na burodin riɗi na sayi ƙaramin kati mai hoton wannan zane, ban ma san me zan yi da shi ba.

Da za mu dawo na ce kaina yana juyawa, na zauna a kujerar gaba. Rana ta kusa faɗuwa, hanya a jiƙe, sak irin ta zanen. Kin san hanyarmu, dutse a gefe ɗaya, kwazazzabo a ɗaya gefen, kowace kwana da ɗan akwatin ƙarfe mai fitilar mai da hoton wanda ya mutu a wurin. Kawu Lefteris yana tsaye kusa da Baba yana zuba kamar kullum. "Kumbare, ga surukarka can a dama ta fito gaishe ka," sai ka ga jaki. "Cire hula, mun zo gidan marigayi Mitsos," sai ka ga kwana mai akwati. "Wannan kwana mai zuwa ta fi bakin matata kaifi, bi ta a hankali." Na fi shekara ina jin waɗannan maganganu ina dariya da sauran fasinja. Ranar nan ƙafar Baba na riƙa kallo. Ba ta zuwa kan birki sai bayan Kawu ya yi magana. Kowane lokaci, sai bayan ya yi magana.

Muna hawan dutse wata 'yar ajinmu ta fara amai a baya, Malama ta kira Kawu Lefteris ya kawo bokiti. Yana juya baya na hango wata tsohuwa cikin baƙaƙen kaya ɗauke da itace, tana tafe a gefen dama, itacen ya shigo hanya sosai. Na jira Baba ya sassauta. Bai sassauta ba. Na ji kamar a mafarki ne inda mutum yake so ya yi ihu murya ta ƙi fita. Ban san yadda aka yi ba na ji kaina ina cewa, "Baba, mutum a dama." Ya murɗa sitiyari, bas ɗin ta yi gefe, reshen itacen ya ƙarci jikin motar, 'yan mata suka yi ƙara sannan suka koma dariya. Baba bai dube ni ba. Ya ce, "Na gan ta." Amma wuyansa ya jiƙe da gumi, ga shi ana sanyi. Da Kawu ya dawo ya dube ni, na dube shi, daga nan har gida bai sake barin gefen Baba ba.

Na so in ce ko gajiya ce, ko ruwa ne a gilashi. Sai abubuwa suka riƙa dawo mini. Tun bara ni nake karanta masa takardunki, yana cewa yana so ya ji ko kuɗin makaranta yana aiki. Ya daina karanta jarida, ya ce duk ƙarya ce. Kuma ranar da na karanta takardar da kika ce an yi miki aiki a ido, an cire yanar da ta rufe shi, har kina zura zare a allura da kanki, ina zuwa daidai wurin ya tashi ya ce bari ya duba awaki. Bayan kwana biyu da dawowarmu daga gidan zane-zanen, Mama ta aike ni in zuba mai a fitilar ɗakin waliyyiya Paraskevi da ke kan tudu. A jikin hotonta, cikin 'yan idanun azurfa da masu ciwon ido suke ratayawa, na ga wasu sababbi suna ƙyalli. An ɗaure su da shuɗin zare mai ƙulli biyu a baki. Ni na saƙa wannan zare, Gwaggo, ni na yi masa ƙullin, na sa wa Baba a makullin mota ranar bikin waliyyin da aka sa masa sunansa. Ashe ya sani. Ya sani, ya kai wa waliyyiya, bai kai wa likita ba.

Na gaya wa Mama tana cuɗa burodi. Ban ƙarasa ba ta ja wuyan rigarta ta tofa a ciki sau uku, ta ce in cije harshena, ba a kiran mugun abu a kan ƙullu, wanda ya kira shi shi ya kawo shi. Ta ce idon ubana ya fi nawa, ni da nake kwana da hanci cikin littafi. Amma hannunta ya tsaya cikin ƙullun, ta daɗe ba ta motsa ba. Daga baya ta ce, ba tare da ta dube ni ba, in likita ya rubuta abu ɗaya a takarda an karɓe lasinsa, to me za mu ci, zane? Sai na nemi Kawu Lefteris ranar Lahadi bayan coci. Ya fara da wasa, ya ce, "'Yata, mu biyu muna da ido huɗu, biyu na aiki biyu na hutu, wace mota ce ta fi wannan?" Da ya ga ban yi dariya ba ya cire hularsa ya riƙa juya ta. Ya ce ya roƙe shi, ya zage shi, ya ma ce zai raka shi asibiti a Atina, babban birni, Baba ya ce in ya sake maganar to su raba gaisuwa. Ya ce shi kuma ba zai iya kai ƙarar mutumin da ya miƙa masa 'yarsa a gaban Allah ba. Sannan ya gaya mini abin da ya hana ni cin abinci tun ranar. Bayan Ista za a cire kwandastoci daga motocin ƙauyuka, direba shi zai riƙa yankar tikiti da kansa. Baba zai bi hanyar nan shi kaɗai.

Na san abin da Baba yake tsoro, don ke kika ba ni labarin da kika zo, ina bayan ƙofa ina ji. Kakanmu Anestis ya makance, ya zauna a bakin ƙofa shekaru, Baba yana ƙarami shi yake jan hannunsa zuwa coci. Ina jin a wurin Baba abin gado ne, ba magani, sai dai a ɓoye shi har ranar da ya ƙi ɓoyuwa. Ni ba likita ba ce, ban san ko irin naki ne ko wani ne daban ba. Amma Malama, da na tambaye ta kamar don karatu, ta ce masu yanar ido sukan ga zobe kewaye da fitila, kuma ana yin aikin a nan ƙasar ma. Ban gaya mata don wa nake tambaya ba. Ina tsoron in na faɗa za ta kai magana gaba a kore shi, ina kuma tsoron in na yi shiru. Kullum da safe motar cike take da 'yan makaranta, da mata masu kai ƙwai kasuwa, wani lokaci har da Leniyo. In muka wuce akwatunan nan na kan kwana sai in rufe ido, don zuciyata tana sa musu hotunan mutanen da na sani.

Jiya da rana na yi abin da ban taɓa zaton zan iya ba. Baba yana zaune a tsakar gida cikin hasken rana yana shan kofi kafin tafiyar yamma. Na ɗauko katin nan na ajiye a gabansa, na ce ga zanen da ya so. Ya ɗauka ya ce, a'a, hanyar abokina Bafaranshe. Ya kai shi kusa da fuska, ya karkata shi wajen rana, ya sa yatsa yana bi daga ƙasa a hankali kamar mai neman ƙaya. Sai yatsan ya tsaya a kan yarinyar. Ya ce, "Tun yaushe take nan?" Na ce tun ranar da aka zana, Baba. Ya ce, a babban ma tana nan? Na ce tana nan, ta fi haka girma. Bai yi faɗa ba, da ma ya yi. Ya sa katin a aljihu, ya ce in kwashe kofi, ya fita. Yau da safe na ga katin a mota, ya saƙala shi a saman gilashi kusa da hoton waliyyi. Bai ce zai je likita ba. Ya tayar da mota, mun tafi, Kawu Lefteris yana ta gaishe da surukai a hanya.

Gwaggo, ke kika raine shi bayan rasuwar mahaifiyarku, ke kaɗai ce in kin yi magana yake cire hula ko da ta waya ne. Ina roƙonki ki rubuto masa kafin Ista. Ki gaya masa yadda aka yi miki aikin, ko ya yi zafi, da abin da kika fara gani da aka buɗe miki ido. Ki umarce shi, kada ki lallashe shi, kin san lallashi ba ya kama shi. In kin ga ya dace ki ambaci sunana, ki ambata, na yarda ya yi fushi da ni. Ni ce zan karanta masa takardar, kuma wannan karon in ya tashi duba awaki zan bi shi da ita har garke. Kafin nan na gaya wa kowa juyawar kai ta zame mini ciwo, don a bar mini kujerar gaba. Ina koyon maganganun Kawu Lefteris, na san gidan marigayi Mitsos da kwanar da ta fi bakin matarsa kaifi, duk da cewa daga bakina ba sa ba kowa dariya. Amma safe da rana kawai nake cikin motar. Tafiyar yamma, lokacin da fitilu suke yin zobe, ina gida.

Ki gaishe mini da Kawu Vangelis, da Despina da mijinta, da Haris, da jaririn da ba mu gani ba sai a hoto. Mama da Leniyo da sun san ina rubutu da sun aiko da gaisuwa, don haka ki karɓa a madadinsu. Ki yafe mini tsawon takarda da kurakuran da ke ciki, da kuma nauyin da na ɗora miki daga nesa. Abu ɗaya ya rage. Ba ni da wanda zan gaya wa wannan magana ya saurare ni har ƙarshe. In ba zai dame ki ba, ina neman izininki in sake rubuto miki bayan Ista, ko da labarin ba mai daɗi ba ne. In kin yarda, ki sa ɗan gicciye a ƙasan takardar Baba, a can kusurwa, ƙarami. Ni zan gan shi.

Ina sumbatar hannunki.

'Yarki,
Evantiya